Kurakuran da aka fi yi wajen zaɓen cok na bindigar harbin tsuntsaye

Duk wanda ya daɗe a filin harbin faifan yumɓu, wato faifan da inji ke cillawa sama a harba a madadin tsuntsu, ya saba ganin wannan: mutum ya kuskure faifai uku a jere, sai ya buɗe bindiga, ya laluba aljihu ya fito da ɗan sifana, ya hau kwance cok. Ya ɗaura wanda ya fi matsi, ya koma ya sake kuskurewa. Ni ma na yi shekaru ina haka. Faifan da suka tsira ba su dame ni ba. Abin da har yau yake tsaya mini a rai shi ne tsuntsayen da na raunata suka tafi da ciwo, don kawai ban fahimci aikin wannan ɗan guntun ƙarfe ba.

Cok shi ne ɗan matsin da ke bakin bututun bindiga mai watsa ƙwayoyi. A bindiga mai lamba 12, faɗin cikin bututu kusan milimita 18.5 ne. Rabin matsi yana rage kusan rabin milimita daga wannan faɗi, cikakken matsi kuwa kusan milimita ɗaya. Iyakar abin ke nan. Tun shekarun 1870, lokacin da maƙerin bindiga W. W. Greener na birnin Birmingham ya yaɗa dabarar a Ingila, ana auna cok ne da yawan ƙwayoyin da suka faɗa cikin da'ira mai faɗin inci 30 daga nisan yadi 40. Buɗaɗɗen baki, wato mara matsi, yana zuba kusan kashi 40 cikin 100, kwatan matsi kusan 55, rabi 60, cikakke 70.

Kuskure na farko, kuma uban sauran, shi ne ɗauka cewa matsi ƙarfi ne. Cok ba ya ƙara wa ƙwaya nauyi, kuma ba shi ne mai ba ta gudu ba. Wannan aikin albarushi ne da girman ƙwayar. Abin da cok yake yi shi ne zaɓen nisan da ƙwayoyi za su kasance a tattare daidai gwargwado. A yadi 20, watsuwar cikakken matsi ba ta wuce inci 16 ba, ta buɗaɗɗen baki kuwa kusan ninki biyu ce. Wanda ya ɗaura cikakke ya shiga ciyawa neman makwarwa ko salwa, waɗanda ke tashi kusan daga ƙarƙashin ƙafa, ya rage wa kansa rabin filin da yake da shi. Idan ya kuskure ya yi asara, idan ya samu kuma ya ragargaza naman har ba ya ɗaukuwa. Gyaran mai sauƙi ne: ka tambayi kanka a wane nisa ne ka fi harbi, ba nisan da kake burin harbi wata rana ba. Yawancin mutane idan suka taka da ƙafa suka ƙirga, sai su tarar tsuntsun da suka rantse yana yadi 45 bai wuce 30 ba.

Akasin haka ma kuskure ne, kuma shi ya fi muni a wurina. Buɗaɗɗen baki a kan dinya ko agwagwar ruwa da ke wucewa can sama yana barin giɓi a tsakanin ƙwayoyi. Ƙwaya ɗaya ko biyu su shiga cinya ko ciki, tsuntsu ya girgiza ya ci gaba da tafiya, ya je ya mutu a inda ba wanda zai ɗauka. Idan nisan ya fi ƙarfin cok da harsashin da ke hannunka, ka sauke bindiga.

Sai wanda kusan kowa yake yi: yarda da rubutun da ke jikin cok. Rubutun nan alƙawari ne kawai na masana'anta. Bututun bindigogi ba su zama daidai da juna ba, wani ya fi wani faɗi, kuma matsi ana lissafa shi ne daga faɗin bututunka kai. Harsashi ma yana canza komai: ƙwaya mai tauri ta fi mai laushi tafiya a tattare, domin mai laushi tana lanƙwashewa a cikin bututu ta fita ta baude. Saboda haka cok ɗaya zai iya yin aikin rabi da wannan harsashi, ya yi aikin kwata da wancan. Gani ya kori ji. Ka sami babbar takarda, aƙalla mita ɗaya kowane gefe, ka kafa ta a wurin da bayanta babu haɗari, ka yi ɗigo a tsakiya, ka ja baya zuwa nisan da kake harbi. Ka harba sau ɗaya, ka canza takarda, ka maimaita har sau biyar, domin harbi ɗaya ba ya ba da shaida. Bayan harbin ne za ka zana da'irar inci 30, a kewayen inda ƙwayoyi suka fi taruwa, ba a kewayen ɗigon ba.

Ranar da na fara yin wannan gwaji, na tsaya gaban takardar na daɗe ina kallo. Cok ɗin da na fi amincewa da shi ya cunkushe ƙwayoyi a tsakiya kamar an zuba da hannu, gefe kuma ga ramuka. Na ɗauki faifan yumɓu na ɗora a kan takardar ina jan shi a hankali, sai ga wurare huɗu da faifan ya zauna ba tare da ya taɓa huji ko ɗaya ba. Faifan nan faɗinsa milimita 110 ne, idan kuma ya juya maka gefe, kaurinsa bai wuce milimita 25 zuwa 26 ba. Na kuma lura taron ƙwayoyin gaba ɗaya ya karkata hagu da kusan tafin hannu. Wannan ba laifin cok ba ne, gindin bindigar ne bai zauna daidai da kumatuna ba. Da ban je gaban takarda ba, da na ci gaba da sayen cok ina neman maganin ciwon da ba a nan yake ba.

A filin faifai, in kiɗa ya canza rawa ma sai ta canza. A wasan sikit, inda faifai ke gilmawa daga ɗakuna biyu a nisan da bai wuce yadi 21 ko makamancinsa ba, buɗaɗɗe ko wanda ya ɗara shi kaɗan ake so, da ƙananan ƙwayoyi masu lamba 9, waɗanda gram 28 nasu ya haura ƙwaya 500. A wasan tirap na Amurka kuwa maharbi yana tsaye yadi 16 bayan ɗakin da faifai ke fita, faifan kuma guje masa yake yi, kafin ya ja kunama faifan ya kai yadi 30 ko fiye. Nan rabi ko kwata uku ne gidansu, idan kuma aka mayar da mutum baya zuwa yadi 27, cikakke ya sami wurin zama. A wasan da ake kwaikwayon tashin tsuntsaye iri-iri, sabon shiga ya ɗaura kwata da rabi ya manta da su har ƙarshen zagaye. Lokacin da yake ɓatawa wajen kwance-ɗaura, gara ya kashe shi wajen kallon hanyar faifan.

Ga wani ruɗani da ke kama mutane a shiru. Abin da Amurkawa ke rubuta wa IC, a matsi kusan shi ne kwata na Ingila, M nasu kuma shi ne rabi. Tsagar da ke bakin cok ma a juye take: a yawancin kamfanoni tsaga ɗaya na nufin cikakke, uku rabi, biyar buɗaɗɗe. Mai bindiga mai baki biyu kuma ya tuna tsari: tsuntsu mai guje maka, buɗaɗɗen baki ne farko, mai nufo ka, matsattsen ne farko. A duba maɓallin zaɓen bututu kafin a fara.

Batun ƙwayar ƙarfe ba wurin ganganci ba ne. Amurka ta hana harbin tsuntsayen ruwa da dalma a duk faɗin ƙasar tun 1991, Tarayyar Turai kuma ta hana ta a fadamu da dausayi daga Fabrairun 2023, don haka maharba da yawa sun koma ƙarfe. Ƙarfe ya fi dalma tauri, ba ya matsuwa idan ya iso bakin bututu. Manyan ƙwayoyin ƙarfe cikin cikakken matsi suna iya kumbura bakin bututu, musamman a tsofaffin bindigogi masu siririn jiki. Ka'idar da aka saba bi ita ce kada a wuce rabi sai in masana'anta ta rubuta ƙarara cewa wannan cok yana ɗaukar ƙarfe. Ba ka yi asarar komai ba, domin ƙarfe da kansa yana tafiya a tattare, rabi da shi yakan yi aiki kusa da na cikakke da dalma. Sai dai ya fi dalma rashin nauyi, shi ya sa ake ƙara girman ƙwaya da lamba biyu, mai harbi da 6 ya koma 4, domin ƙaramar lamba ce ke nufin babbar ƙwaya.

Kada ka ɗaura cok na wata bindiga don kawai tiredinsa, wato zanen murɗawa da ake ɗaure shi da shi, ya shiga. Cok irin Mobilchoke da Optima duk na kamfanin Beretta ne amma ba sa musanya, haka Invector da Invector-Plus na kamfanin Browning. Idan gindin cok bai zauna daram a mazauninsa ba, ƙwayoyi za su ci karo da leɓensa, abin da zai biyo baya kuwa yana iya zama fashewar bakin bututu. Haɗarin ɗaya ne idan cok ya yi sako-sako, kuma harbi yana kwance shi a hankali. Ka riƙa dubawa lokaci zuwa lokaci, bayan ka buɗe bindiga ka tabbatar babu harsashi a ciki, hannunka kuma kada ya rufe baki. Harbi babu cok ko kaɗan yana cinye tiredin bututu.

Sau ɗaya na dawo daga farautar agwagwa cikin ruwan sama, na goge bindiga ta waje na ajiye, ban kwance cok ba. Bayan wata biyu tsatsa ta haɗe shi da bututu, sifana ya lanƙwashe a hannuna bai motsa ba. Sai da makanikin bindiga ya jiƙa shi da mai kwana da kwanaki kafin ya fita. Yanzu duk ranar da na yi harbi ina kwance shi, in kankare dattin roba da baƙin hayaƙi da buroshi, in shafa ɗan giris a tiredi, in mayar in ɗaure daidai ba da ƙarfin tsiya ba.

Shi kuwa mutumin da ya kuskure faifai uku ya ɗauko sifana, galibi a bayan faifan yake harbi. Yana bin sa da bakin bindiga, daidai lokacin jan kunama sai ya tsaya cak, ko ya ɗaga kai daga gindin bindiga don ya ga ko ya fashe. Bambancin kwata da rabi a yadi 30 'yan inci ne, shi kuma ya kuskure da kusan tsawon hannu. Ya mayar da sifana aljihu, ya sa wani gogagge ya tsaya a bayan kafaɗarsa ya gaya masa inda harbin yake bi, sannan ya sake kiran faifan nan guda har sau goma da cok ɗin da ke ciki.