Kurakuran da muke yawan tafkawa idan ana hirar tarihin Turawa

Shekaranjiya bayan isha'i musu ya ɓarke a majalisarmu, wani ya ce a Berlin aka zauna da biro aka yanka Afirka kamar tsire, wani ya ce a 1914 Bature ya ci Arewa, kowa na ɗaga murya kuma wallahi duk cikinsu ba wanda bai je makaranta ba. Abin ya dame ni sosai, don tarihin nan ya shafe mu kai tsaye, shi ya sa na ce bari in jero inda na ga muna yawan zamewa.

Uwar kurakuran dai ita ce ɗaukar Bature kamar mutum ɗaya. "Turawa sun yi kaza." Wane Bature? Na Ingila ko na Faransa ko Jamus ko Fotugal ko Beljiyam? Ai ba hali ɗaya suka yi ba kuma ba ga maciji suke da juna ba. In kana so ka ga bambancin da idonka ka tashi daga Katsina ka shiga Maraɗi, tafiyar da ba ta taka kara ta karya ba, Hausa ɗaya addini ɗaya amma can za ka ji yaro ya ce zai tafi lakwal wajen mushe, wato makaranta wajen malami, ka ga jandarma a hanya, mu kuma nan kakanninmu Razdan da Di'o da En'e suka sani. Ingilishi ya bar sarakuna a kan karaga yana mulki ta hannunsu, Faransa kuma ta fi matse sarautar ta mai da ita ƙarƙashin kwamanda. Sannan akwai Turawan da su kansu 'yan uwansu Turawa suka danne, ƙasar Polan a 1795 Rasha da Furushiya da Ostiriya suka rabe ta, ta ɓace daga taswira sai 1918 ta dawo, Ailan kuma ɗaruruwan shekaru ta yi a hannun Ingila. Gyaran mai sauƙi ne, duk sanda za ka ce "Turawa" ka tsaya ka faɗi ƙasar da shekarar, in ka kasa toh maganar ba ta nuna ba tukuna.

Sai batun Berlin. Taron gaskiya ne, Bismarck na Jamus ya kira shi daga Nuwamba 1884 zuwa Fabrairu 1885, ƙasashe 14 suka halarta har da Amurka da Daular Usmaniyya ta Turkiyya, kuma ba a gayyaci ɗan Afirka ko ɗaya ba, wannan kam abin takaici ne. Amma ba a can aka zana iyakokinmu ba. Abin da suka fi tattaunawa shi ne Kongo da zirga-zirgar jiragen ruwa a kogin Kongo da Kwara da ƙa'idar yadda ƙasa za ta yi iƙirarin wani yanki ba tare da sun gwabza da juna ba. Iyakar da ta raba Katsina da Maraɗi, ta raba Daura da Damagaram, Ingila da Faransa ne su biyu suka yi ta cinikinta, a 1890 suka ja layi daga Say zuwa Barruwa a bakin tafkin Chadi, suka sake gyara shi a 1898 da 1904 da 1906. Kaga in ka ɗora komai a kan Berlin ka wanke masu laifin na ainihi kenan ba ka sani ba.

Wanda ya fi min ciwo shi ne na 1914. Jama'a 1914 haɗe Kudu da Arewa aka yi, yaƙin an gama shi da daɗewa. Gwamna Lugga ya ayyana mulkin Ingila a Lokoja ranar 1 ga Janairu 1900, Bida da Kwantagora da Yola suka faɗi a 1901, Kano a Fabrairu 1903, Sakkwato a Maris na shekarar, sannan a Yuli aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya a Burmi tare da ɗimbin mutanen da suka bi shi hijira. A 1906 ma mutanen Satiru sun tashi aka murƙushe su aka rushe garin. A ɓangaren Faransa kuwa a 1899 rundunar Voulet da Chanoine ta ƙone Birnin Ƙonni, Sarauniya Mangu ta tare su a Lugu. Duk wanda ya ce Bature ya shigo salin alin ba wanda ya ɗaga masa yatsa toh ya ci amanar waɗannan bayin Allah.

Akwai kuma kalmar "gano" da aka cusa mana tun firamare. Ƙanena ya taɓa dawowa da littafinsa an sa shi ya rubuta wai Mungo Park ne ya gano kogin Kwara, na ce masa toh masuntan da ya tarar a bakin ruwan a Segu a 1796 me suke yi a wurin? Haka Kolombos da ya isa tsibiran nahiyar Amurka a 1492, ya tarar da mutane da garuruwansu da gonakinsu, kuma ko a cikin Turawan ma ba shi ne farko ba, 'yan Viking daga arewacin Turai sun taka gaɓar Kanada ta yau wajen shekara ta 1000. Abin da ya dace ka ce shi ne Baturen farko da ya kai wa mutanensa labarin wurin. Barth, matafiyi Bajamushe, da ya shigo Kano a 1851 yana amsa sunan Abdulkarim, birni ya tarar da ganuwa da kasuwa da marina, ana kai tufafin Kano har Tumbuktu.

Amma fa akwai masu zamewa ta ɗaya gefen, masu cewa ba abin da zuwan Turawa ya canza mana sai boko da haraji. Ɗan uwa leƙa tukunyar gidanku. Rogo, gyaɗa, barkono, tumatir, dankali, masara, duk asalinsu nahiyar Amurka ne, bayan tafiye-tafiyen Sifen da Fotugal suka bazu a duniya, rogo ma 'yan Fotugal ne suka kawo shi gaɓar Afirka daga Burazil. Namu na gado su ne gero da dawa da wake da gujiya. Gyaɗar da muke alfahari da dalarta a Kano baƙuwa ce ta zama 'yar gida, kuma sai da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911 sannan cinikinta ya tumbatsa har manoma suka riƙa cika gonakinsu da ita don samun kuɗin biyan haraji.