Yadda za ka kula da filtar yashi ta wurin ninkaya

Abu na farko, ka riƙa duba gejin matsin ruwa. In ya haura inda yake bayan wanki da kamar psi (ma'aunin matsi da geji ke nunawa) 8 zuwa 10, to datti ya cika yashin, sai bakwash, wato juya ruwa ya bi ta baya ya wanke dattin yashin ya fitar da shi. Kashe famfo tukuna, don Allah kar ka juya hannun bawul ɗin filtar alhali famfo na aiki, robar ciki ce za ta lalace ruwa ya fara yoyo. Juya zuwa bakwash ka kunna minti 2 ko 3 har ruwan da ke fita ya yi garau, ka kashe, ka juya zuwa rins (ɗauraya) ka kunna na sakan 30, ka sake kashewa sannan ka maida hannun kan filta.

Yashin kuma na silika ake zubawa ba na gini ba, a canza shi duk shekara 3 zuwa 5.