Yadda ake haɗa dokumentari kan tarihi da tafiye-tafiyen bincike

A wannan sana'a ta haɗa dokumentari, wato fim kan abin da ya faru da gaske, kyamara ce ke zuwa daga baya. Fara rubuta tambaya guda da fim ɗin zai amsa, sannan kowane batu ka nemo masa shaida biyu da ba su kwafi juna ba. Littattafai uku da suka ɗebo labari daga rahoto ɗaya, shaida ɗaya ke nan.

Tsofaffin finafinai su ne ke cinye kasafi. Ma'ajiyoyi irin British Pathé a Ingila lasisi suke sayarwa, kuma kuɗin ya danganta da tsawon abin da ka ɗauka, da ƙasashen da za a nuna shi, da shekarun da kake so. Kada ka gina fim kan wani yanki kafin ka ji farashinsa. Abin da ma'aikatan gwamnatin tarayyar Amurka suka ɗauka a bakin aiki ba shi da haƙƙin mallaka a can, sai dai a biya kuɗin kwafi. Ka kula da gudu kuma: finafinan da ba su da sauti galibi an ɗauke su da hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa, in ka sake su a 24 ko 25 sai ka ga sojoji na tafiya kamar ana korarsu. A gyara gudun tun wajen tacewa.

Wajen hira, murya ta fi hoto. Mai kallo zai jure hoto mai duhu, amma ba zai jure ƙara ba. Maƙala ƙaramin makirufo a ƙirji, kamar taƙi ɗaya daga baki, ka naɗa a 48 kHz (ma'aunin ingancin naɗin sauti), kana saurare da abin kunne. A kashe fanka da firji (ka ajiye makullin motarka cikin firjin, don kada ka tafi ka bar shi a kashe). Idan dattijo ya yi shiru, kada ka yi saurin jefa wata tambayar. Sau da yawa bayan shirun ne maganar ke fitowa. An gama, kowa ya tsaya cik ka naɗi shirun ɗakin na daƙiƙa 30, da shi ake liƙe wuraren da aka yanke. Takardar amincewa kuwa, wanda aka yi hira da shi ya sa mata hannu ranar.

A wuri mai sanyi batir kan mutu da wuri, don haka a aljihun ciki ake ajiye shi. Kafin ka shiga ɗumi daga sanyi, rufe kyamarar cikin leda har ta saba, in ba haka ba raɓa ta kwanta cikin gilashinta. A jirgin sama, batiran da ke ware a jakar hannu suke tafiya, wanda ya haura 100 Wh (ma'aunin ƙarfin batir) kuma sai da izinin kamfanin jirgin.

Kowane dare kwafi abin da ka ɗauka wuri uku, ɗaya a jakar wani daban, ka buɗe ka tabbatar yana kunnuwa kafin ka goge katin kyamarar.