Yadda ake fara wasan kwaikwayo a Damagaram, da yadda ake daɗewa a cikinsa

Duk yaron da ya zo mini da maganar yana son shiga fim, tambaya ɗaya nake fara yi masa: ka taɓa tsayawa gaban jama'a, ba makirfo, ka yi magana har na can baya ya ji ka? Yawanci a'a ce amsar. To, nan ne mafari. Ni tela ne a Zango, da keken ɗinki nake riƙe iyalina, amma tun ina saurayi nake wasan kwaikwayo. Na yi na dandali, na yi na rediyo, na fito a ƙananan fina-finan da 'yan garin nan ke haɗawa da kuɗin aljihunsu. Shawarata gare ka ƙanena, da ke ƙanwata, ita ce ku koyi aikin nan a gaban mutane masu rai, a nan gida, kafin ku nemi kamara ko ku hau motar Kano.

Ka fara da neman ƙungiya. Je ka gidan matasa da al'adu da yamma ka tambayi ranakun da ake gwaji. Idan kai ɗan lakwal ne ko ɗalibin jami'a, nemi masu wasa na makarantarku. Jami'ar garin nan ma sunan André Salifou take ɗauke da shi, ɗan Damagaram, masanin tarihi, wanda ya rubuta wasa a kan Sarki Tanimun. Kada ka shiga da neman a ba ka babban matsayi. Ɗauki benci, share fili, riƙe wa wani rawaninsa, ka zauna ka kalli yadda manya ke yi. Ranar da wani bai zo ba, wanda ake gani kullum shi ake ce wa ya tashi ya tsaya a madadinsa.

Sana'ar nan ba baƙuwa ba ce a garinmu, kuma sanin haka zai taimake ka ranar da wani zai ce maka aikin banza kake. Muna da tashe a cikin azumi, muna da wasan kara da ake kwaikwayon sarakuna da manyan gwamnati, su kansu suna zaune suna dariya. A zamanin Seyni Kountché, daga 1974 zuwa 1987, ƙungiyoyin Samariya sun yi ta gasar wasanni a bikin matasa na ƙasa, kuma daga Damagaram ne ƙungiyar su Yazi Dogo ta yi sunan da ya kai wasan Hausa cikin gidajen mutane ta rediyo da talabijin. Abin da ya kamata ka ɗauka daga wurinsu shi ne tsarin aiki. Ba a haddace kowace kalma daga takarda. Ana zama a tsara labari, a raba shi fitowa-fitowa, kowa ya san ko shi wane ne, abin da yake nema, da inda maganar za ta tsaya. Kalmomin kuwa a bakin ɗan wasa suke fitowa. Har yau yawancin ƙungiyoyinmu haka suke yi, kuma masu fim da dama haka za su ba ka aiki: su karanta maka abin da zai faru, su ce bismilla.

Shi ya sa saurare ya fi iya magana muhimmanci. Sabon ɗan wasa yakan tsaya yana jiran abokinsa ya rufe baki don ya saki maganar da ya tanada tun daga gida, kuma 'yan kallo suna ganewa nan take, don idonsa ba ya wurin. A ce kai ne uban da 'yarsa ta ƙi mijin da ya zaɓa mata. A gwaji kullum kuka take yi, amma yau a gaban jama'a sai ta ɗago kai ta ce, “Baba, kai ma Inna ka zaɓa da kanka.” Idan ka ci gaba da faɗan da ka shirya kamar ba ka ji ba, ka kashe wasan. Tsaya. Bari maganar ta same ka. Ka dubi ƙasa, ka gyara hula, sannan ka amsa abin da ta faɗa. Wannan ɗan shirun ya fi dogon jawabi aiki. Kuma kada ka danne abokin wasanka don ka ga ana yi maka dariya. Wanda ya saba cinye fitowar wasu, a hankali za a daina kiransa, ko da ya fi kowa ban dariya.

Mutanen da za ka kwaikwaya suna nan kan titi. Shiga Kasuwar Dole ka tsaya kusa da dillali ka ga yadda yake riƙe hannun mai saye ba ya saki sai an yi sallama. Je ka ƙofar fada a Birni ka ga tsayuwar dogari da yadda talaka ke cire takalmi tun daga nesa. Saurari tsohuwa mai fura, da ɗan kabu-kabu, da mushe, wato ɗan boko, idan yana cakuɗa Hausa da Faransanci. Ɗauki tafiyar wannan ka haɗa da muryar wancan. Amma kada ka ɗauko mutum guda da kowa ya sani ka ɗora shi a dandali yadda yake. Garin nan duk girmansa an san juna, kuma gobe za ku haɗu a jana'iza.

Murya kuwa sai da horo. Numfashi daga ciki ake jawo shi, ba daga maƙogwaro ba. Ka fita bayan gari wajen duwatsu da sassafe, ka sa abokinka ya tsaya nesa, ka yi masa magana ba tare da ihu ba har ya iya maimaita maka abin da ka ce. A lokacin hunturu rufe hanci da baki idan kana kan babur, ka riƙa shan ruwan ɗumi da citta, ka bar ruwan ƙanƙara a ranar wasa. A dandali kada ka juya wa jama'a baya kana magana, kuma idan suna dariya jira ta lafa kafin ka ci gaba, in ba haka ba maganarka ta gaba ta ɓata.

Idan ka zo gaban kamara, kusan duk abin da dandali ya koya maka sai ka rage shi, ban da saurare. Dandali kira ne daga nesa, kamara raɗa ce. Ɗaga gira kaɗan ya isa, ware hannu da zare ido sun yi yawa. Ka tsaya daidai inda aka sa maka alama, kada ka dubi idon kamara sai an ce ka duba. Ba a jere ake ɗaukar fim ba: za a iya fara ɗaukar ranar mutuwar matarka da safe, a ɗauki ranar aurenku da yamma. Don haka ka nemi a ba ka labarin gaba ɗaya, ka rubuta a ɗan littafi abin da ya faru kafin kowace fitowa. Ka riƙe a kai da wane hannu ka ɗauki buta, don za a maimaita daga wani ɓangare. Kada ka yi aski ko ka rage gemu sai an gama ɗauka, ke ma kada ki sake lalle ko kitso a tsakiya.

Bari in yi maganar kaya, tunda nan ne fagena. A ƙaramin fim kai za ka zo da tufafinka. Sabuwar shadda mai ƙarfi tana da kyau a ido, amma idan aka maƙala maka ƙaramin makirfo a ƙirji, ƙararta kaɗai za a ji. Sa wadda aka wanke ta yi laushi. Fari tas yana ƙona hoto a ranar Damagaram, yadi mai ƙananan ratsi kuma yana rawa a allo. Idan manomi za ka fito, nemi rigar da ta sha aiki da gaske, kada ka yaga sabuwa, don yagar almakashi daban take da ta tsufa. Duk kayan da ka fito da su, ninke su ka ajiye wuri guda har a ce an kammala. Kuma ka zo da wuri. Hasken safe da na bayan la'asar shi masu kamara ke bi, musamman a watannin Afrilu da Mayu da tsakar rana ba ta shiguwa. Sauran yinin jira ne: a jira babur ya wuce, a jira a dawo da kuran, a tsaya a yi salla. Ka taho da ruwanka da haƙurinka.

Sai kuɗi. Kada ka saki sana'arka. Ko karatu kake, ko gyaran salula, ko koyarwa, riƙe shi da kyau, shi zai ba ka ikon cewa a'a ga aikin da zai zubar maka da mutunci. Nijar ta yi suna a sinima tun da wuri, Oumarou Ganda ne ya ɗauki babbar kyauta ta farko ta FESPACO, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu a 1972. Amma Zalika Souley, wadda ta fito a manyan fina-finan wancan zamani kuma ta rasu a 2021, suna bai wadata ta ba, sai da ta je Amurka neman abin rufin asiri. Abin nan yana damuna duk lokacin da na tuna shi, shi ya sa nake matsa wa yara a kan maganar kuɗi. Kafin a kunna kamara, a faɗi nawa ne, yaushe za a biya, wa ke da kuɗin mota da abinci. Ko jika biyar ce, a rubuta a takarda ko a tura ta saƙon salula, a gaban shaida. Jin kunya a nan ba ladabi ba ne. Idan aikin zumunci ne na kyauta, a faɗa tun farko, ka yi shi da zuciya ɗaya. Idan labarin naka ne ko waƙar taka ce, je ka ofishin kare haƙƙin mawallafa, BNDA, ka yi rajista. Wanda kuma ya ce ka ba shi kuɗi don ya sa ka a fim, bar shi.

Abin da ya fi kawo wa ɗan wasa ɗan kuɗi a yankinmu shi ne wasan faɗakarwa da ƙungiyoyin agaji ke ɗaukar nauyi, a kan rigakafi, tamowa, karatun 'ya'ya mata ko ci-rani. Za a kai ku ƙauyukan Mirriya, Magarya, Matamaye ko Tanut, ku yi wasa a ƙofar mai gari. Kada ka raina shi. A nan ne za ka gane ko ka iya, don wanda ya bar aikinsa ya tsaya kallonka ba zai zauna ba idan wa'azi kawai kake yi. Ba wa mai taurin kan da ke cikin labarin hujja mai ƙarfi, irin wadda mutanen wurin ke faɗa da gaske, sannan a warware ta.

Ke ƙanwata, taki hanyar ta fi wuya, ba zan ɓoye miki ba. Kada ki fara a ɓoye. Sa shugaban ƙungiya ya je ya gaida Baba da Inna, ya faɗa musu inda ake gwaji da lokacin tashi. Gwajin da aka ce ki zo ke kaɗai a ɗaki ko da dare, kada ki je. Tafi da yayarki ko ƙawarki, kuma fitowar da ranki bai kwanta da ita ba ki faɗa tun ana karanta labari.

Yanzu kasuwar kaset da faifai ta mutu, YouTube da salula suka gaje ta, kuma wannan ya buɗe muku ƙofa. Ku haɗu ku huɗu ko biyar ku ɗauki gajeren labari na minti biyar, ku ba sauti kulawa fiye da hoto, ku gaida mai unguwa ku nemi izini kafin ku kafa kamara a ƙofar gidan mutane. Daga ayyukanka ka yanko wurare biyu ko uku mafi kyau, ka haɗa abin da bai wuce minti biyu ba, shi za ka tura wa duk mai neman ɗan wasa. Idan lokacin zuwa Kano ya yi, wajen kilomita 240 ne kawai, amma kada ka tafi sai da sunan wanda zai karɓe ka, da wurin kwana, da kuɗin komowa a aljihu. Jihar Kano tana da hukumar tace fina-finai da ke yi wa masu sana'ar rajista, don haka ka tambayi ƙa'idarta tun kana gida, ka riƙe takardunka na ɗan ƙasa, kuma ka lissafa abin da za a ba ka da naira ya koma nawa a sefa kafin ka amsa.