Yadda Ake Nemo Tsofaffin Hotunan Bidiyo Don Fim Ɗin Tarihi

Mai shirya fim a kan zamanin Sardauna ko bikin samun 'yancin kai na 1960 ba shi da makawa sai ya nemi hotunan da aka ɗauka a lokacin. Nemo su sana'a ce mai zaman kanta, kuma ga hanyar da masu yin ta suke bi.

Da farko ka zauna da darakta ku rubuta abin da ake nema dalla-dalla. In ya ce maka "Kaduna a da", bai faɗa maka komai ba. A rubuta, misali, hawan dabar da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956: mahaya, sarakuna da 'yan kallo.

Na biyu, ka tambayi kanka wa ya riƙe kyamara a ranar, domin shi zai nuna maka ƙofar da za ka ƙwanƙwasa. A zamanin mulkin mallaka galibi Turawa ne, shi ya sa hotunan namu suke ajiye a Ingila. Kamfanin British Pathé ya ɗora fina-finai kusan 85,000 a YouTube a 2014, ga kuma rumbun British Movietone da ke hannun kamfanin dillancin labarai na AP. Fina-finan Colonial Film Unit, sashen shirya fina-finai da gwamnatin Birtaniya ta kafa a 1939, irin waɗanda ake haska wa jama'a a majigi, da yawansu suna cibiyar fina-finai ta Birtaniya (BFI). Wanda ke neman na Nijar ya fara da cibiyar INA, ma'ajiyar shirye-shiryen rediyo da talabijin ta Faransa. A gida akwai ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa da ke Jos, sai gidajen talabijin da dattawan da suka yi musu aiki, waɗanda sau da yawa sun fi kundin rajista sanin inda kaset yake.

Wajen bincike, yi amfani da rubutun da mai ajiyar ya yi. "Sakkwato" ba za ta fito maka da komai ba, sai ka rubuta "Sokoto" ko "Northern Region". Duk abin da ka samu, rubuta lambarsa, mai shi, da minti da daƙiƙar da kake so.

Daga nan sai tantancewa, wadda a ganina ita ce rabin aikin. Bayanin da ke jikin fim yakan yi kuskure. Duba tuta, lambar mota, kayan 'yan doka da gine-gine, sannan ka nuna wa dattijon da ya san garin. Muryar mai sharhin ma a yi hattara da ita, don ra'ayin masu mulkin lokacin take faɗa.

Sai maganar izini. Ganin hoto a YouTube bai sa ya zama naka ba. Rubuta wa mai shi, ka faɗi inda za a nuna fim ɗin, a waɗanne ƙasashe, kuma na tsawon shekara nawa. Yawanci da daƙiƙa ake lissafin kuɗin, kuma waƙar da ke ciki tana iya zama da mai haƙƙinta daban. Abin da ma'aikatan gwamnatin tarayyar Amurka suka ɗauka a bakin aiki ba shi da wannan takunkumi a can, saboda haka mai neman ziyarar Tafawa Ɓalewa wurin shugaban Amurka Kennedy a 1961 ya fara leƙa ma'ajiyar tarihi ta Amurka.

Edita ya yi aiki da kwafin gwaji mai tambari har a gama haɗa fim. Bayan nan ka ƙirga daƙiƙoƙin da suka shiga, ka biya, ka karɓi kwafi mai kyau, ka sa sunan rumbun a ƙarshen fim yadda yarjejeniya ta tanada.