Yadda za ka ƙirƙiri ƙungiyar asiri mai tsaron iyakar duniyoyi a labarinka

Da farko, ka san abin da ke bayan iyakar. Kada ka ce "miyagun halittu" ka wuce. Me suke nema a wajenmu?

Sannan ka ba iyakar siffa, kamar tsohuwar rijiya da ruwanta ba ya nuna fuskar mai leƙawa, ko bangon da ke ɗaukar ɗumi in dare ya raba.

Mataki na uku shi na fi damuwa da shi, wato abin da sihirin ke ci a jikin mai shi. Duk sanda mai tsaro ya toshe wata tsaga, sai ya rasa wani abu, misali ya manta muryar mahaifiyarsa. Rubuta wannan doka ka ajiye kusa da kai, kada ka karya ta ko don ceton jarumin da ka fi ƙauna.

Sai ka fayyace dalilin ɓoye kansu da hukuncin wanda ya tona asiri.

Daga nan ka buɗe babi na farko da daren da sabon shiga ya ji ana kiran sunansa daga can ɓangaren.