In an kama maka tifa kan ɗibar yashi, ga yadda zaka karɓo ta

Ɗan uwa don Allah kar ka bi ta bayan fage da cin hanci, dokar ma'adinai ta 2007 ta ce ɗibar yashi don sayarwa sai da lasisi. Fara tattara fatikula da inshora da rasit ɗin wanda ya sayar maka da yashin in akwai, sai ka samu lauya ya roƙi kotun da shari'ar ke gabanta a saki motar a kan beli, ka kawo mai tsaya maka, ka sa hannu cewa ba zaka sayar ba kuma duk ranar da aka nema zaka kawo ta. Ranar karɓa ka duba batir da tayoyi, ka ɗau hoto kafin direba ya tada ta.